Dakuwar da Ba Ta da Daɗi

A shekarar da aka gano ciwon suga a jikin Baba, mu biyu muka rage a ɗakunanmu na gidan haya a unguwar Nima. Mama ta rasu tun ina sakandare, yayyena kuma neman abinci ya kai su ƙasashen waje, sai dai murya a waya ranar Juma'a. Gidan cike yake da mutane, famfo ɗaya, rediyo a kowace ƙofa, amma ni ban iya shiga hira ba. In na sauka daga trotro, motar haya, na dawo daga jami'a, nakan gaida mutane kaina a sunkuye, in shige in ɗauki littafi.

Baba tela ne. Kafin ciwon, bayan la'asar yakan rufe kekensa ya tafi bencin da tsofaffin abokansa ke shan shayin ataya a bakin titi, ya sayi dakuwa a hanya. Ranar da ya dawo daga asibiti ya ce nas ta yi masa gargaɗi. Bai ƙara bayani ba, ni ma ban tambaya ba. Haka muke da shi.

Ya daina suga, wannan na gane. Sai ya daina nama. Ya ce in bar sa masa shito, soyayyen yajin nan, a waakye, wato shinkafa da wake, daga baya ya ce gishirin miya ma a cire. Zuwa benci ya tsaya. Yakan zauna gaban tuwo da miyar ayoyo salam, ya yi loma kaɗan ya wanke hannu. Wata safiya na same shi a kan keke yana rage ƙugun wandonsa da kansa, ya juya mini baya don kada in gani. Na ɗauka ciwon ne ke cin sa, kuma na ji tsoron wata rana zan dawo in tarar ɗakin ya zama nawa ni kaɗai.

Dakuwa na tuna, domin ba ta bukatar tanda, mu kuwa kurfoti na gawayi kawai gare mu. Na yi karatu a kanta kamar zan rubuta jarrabawa. Na soya gyaɗa a yashi na murje ɓawonta, na soya aya da gero kaɗan a madadin masara, na kai inji. Suga ban kusance shi ba. Turmi ne ba mu da shi, dole na je wurin Hajiya mai waakye, wadda ɗakinta ke kallon namu. Na daɗe a ƙofarta kafin sallama ta fito daga bakina.

"Yau 'yar boko za ta yi daka?" in ji ta. "Ko littafin ne ya ce a daka shi?"

"Dakuwa zan yi wa Baba, Hajiya."

"Ɗauki. In kin fasa mini turmi, ke zan riƙa daka fufu a kanki."

Ta farko ta ƙi haɗuwa. In na dunƙula sai ta warwatse a tafin hannuna kamar ƙasa. Ashe sai an yi ta daka har gyaɗar ta fitar da mai. Na ƙara da dabino kaɗan don ya riƙe ta, kaɗan ƙwarai, tunda shi ma ba a sakar wa mai ciwon suga. Sauran aikin na bar wa citta da kanumfari da barkono da ɗan gishiri. Hannuna ya yi kanta kafin ƙullin ya yi laushi yana sheƙi. Na mulmula ƙanana, girmansu ɗaya, na jera a faranti.

Bayan la'asar na ajiye farantin a gefen kekensa.

"Baba, babu suga a ciki."

Ya ɗauki ɗaya ya gutsura. Na ga fuskarsa ta saki, irin sakin da na daɗe ban gani ba. Sai ya mayar da ragowar cikin farantin ya ture shi.

"Uwata, ɗauke. Yana da daɗi."

Uwata yake ce mini, domin sunan mahaifiyarsa gare ni.

"To ai shi ya sa na yi."

"Nas ta hana ni daɗi."

Na tsaya riƙe da farantin. "Baba, me ta ce, da bakinta?"

Da yaren Twi ta yi masa magana, ya ce, ta hana shi duk abin da yake dɛ. A Twi kalmar nan ɗaya ce ga abin da suga ya ji da abin da kawai ya gamsar da baki. Mu ma a unguwarmu haka muke yi da Hausa: rake daɗi, nama daɗi, barci daɗi. Kalmar zaƙi ni a littafi na san ta, da bakin 'yan Nijar masu sayar da albasa. Zaƙi nas ta hana shi. Shi kuwa ya dawo gida ya bi duk abin da yake jin daɗinsa yana cirewa ɗaya bayan ɗaya, har da zaman benci.

Na fara yi masa bayani. Ya katse ni.

"Ke kika je asibitin ko ni?"

Bai ɗago ba, yana ta gyara zaren da ba abin da ya same shi. Na gane ya ji ni. Amma mutumin da ya yi watanni yana horar da kansa ba zai ce wa 'yarsa a banza ya yi ba. Sai na ɗauki ɗaya na ci, na yamutsa fuska.

"Kai, Baba, wannan ai ba ta da daɗi. Na cika barkono."

Ya dube ni ta saman tabarau. Ya miƙa hannu ya ɗauki ragowar tasa, ya tauna a hankali.

"Gaskiya ne. Ba daɗi. Ba ki iya ba."

Ya ƙara wata.

Washegari na mayar da gishiri cikin miya, bayan kwana biyu na sa kifi. Kullum sai ya ɗanɗana ya ce ba daɗi, sannan ya cinye. Ranar komawa asibiti na bi shi, na zauna a gefe na ji komai da kunnena, dakuwar ma na faɗi abin da ke cikinta, aka ce ya ci kaɗan kaɗan. Jikinsa ya dawo. Benci kam bai koma ba sai jefi-jefi.

Tun daga ranar Baba bai sake yaba girkina ba. Wani lokaci yakan faɗi ba daɗin nan da ƙarfi har tsakar gida a ji, matan gidan su yi dariya, Hajiya ta ce boko ya cinye mini hannu. Nakan yi murmushi in kwashe kwanon da ya sharce tas, in kai famfo.