Bagiriken da Na Yi wa Hukunci da 'Yar da Na Baro a Zariya

Lokacin da na sauka a Kuala Lumpur ni malamar tarihi ce a wata jami'a ta Arewa, ban daɗe da fita takaba ba, ina da 'ya ɗaya da ko firamare ba ta shiga ba. Gurbin karatun digiri na uku ya fito mini bayan rasuwar mijina, kuma babu halin tafiya da yarinya a farko. Na bar ta a hannun ƙanwata a Zariya, ina gaya wa kaina ai don ita nake yi.

Bincikena a kan wani Bagirike ne na zamanin da, wanda Rumawa suka kwashe tare da manyan ƙasarsu suka tsare a birninsu a matsayin garkuwa. A can ya yi shekara da shekaru, ya shaƙu da wani babban gida, har ya rubuta tarihin yadda Rum ta haɗiye ƙasashen da ke kewaye da ita cikin ɗan lokaci. Masana sun daɗe suna jayayya a kansa. Wasu na ganin ɗan kanzagin waɗanda suka ci ƙasarsa ne, wasu na ganin mutum ne da ya so fahimtar abin da ya fi ƙarfinsa. Ni tun a babin farko na yanke masa hukunci: ya ji daɗin baƙunci ya manta gida. Farfesar da ke duba aikina, wata dattijuwa 'yar ƙasar mai sanyin murya, ta sha ce mini na cika tsanani a kansa, in bari in gama sauraronsa tukuna. Ban ji ba.

Wata Asabar da rana na kira gida ta bidiyo daga ɗakina a unguwar Cheras. Ƙanwata ta miƙa wa yarinyar waya, sai ta ɓuya a bayan zaninta, ta leƙo da ido ɗaya ta ce, "Umma, ki ce wa Anti wasa nake yi." Ƙanwata ta yi ta gyara mata, tana cewa ai wannan ce Ummanki, tana dariyar kunya. Ni ma na yi dariya, na ce a ƙyale ta, yarinta ce. Da na ajiye wayar kuwa dariyar ta ƙare.

Daga nan na fara lalacewa a hankali. Na daina zuwa laburare. In na buɗe littafin Bagiriken nan sai in ga duk zagin da na yi masa ni ya dace da shi. Shi kama shi aka yi, ni da ƙafata na hau jirgi. Abinci ya fita raina, ruwan saman yamma ya yi ta dukan taga ina kwance ina kallonsa. Ban gaya wa kowa ba, don ina tsoron a ce ba ni da tawakkali, ko a ce an tura ni karatu na zauna kuka. A waya kullum lafiya lau nake cewa.

Da Farfesa ta ga shirun ya yi yawa, sai ta nemi adireshina ta zo da kanta, riƙe da shinkafa da ta yo tapau, wato ta sayo a ƙunshe, a hanya. Ba ta tambayi babi ba. Ta zauna a bakin katifa ta ce in makan, wato in ci abinci, tukuna, ta jira har na ci, sannan ta sa ni a mota zuwa bakin tafkin Titiwangsa. A kan benci na faɗa mata komai. Ta ɗora hannunta a kan nawa. Can ta tuna mini da abin da na sani amma na tsallake a rubutuna: mutumin ya koma gida, ya tarar an ƙone ɗaya daga manyan biranensu, sojoji na caca a kan zane-zane masu daraja. Bai juya ba. Ya yi amfani da sanayyar da ya samu a baƙunci ya roƙar wa mutanensa sassauci, ya taimaka aka sake tsara musu zama.

"Bai iya dawo da abin da ya ƙone ba," in ji ta. "Amma ya je, 'yata. Ke ma ki je."

Ita ta raka ni wajen likita, inda na fara jin cewa ciwon damuwa ciwo ne mai magani. Ita ta tsaya mini aka ba ni hutu. A Zariya yarinyar ta yi kwanaki tana kewaye ni kamar baƙuwa. Ban matsa mata ba. Ranar da ta zo da kanta ta zauna tsakanin ƙafafuna ta miƙo mini kai in yi mata kitso, na ɗauko mataji na fara tsaga mata. Da na dawo Kuala Lumpur, tare muka dawo. Ƙanwata ta yi kuka a filin jirgi fiye da kowa, kuma har gobe ina jin nauyin abin da na ɗora mata sannan na karɓe.

Na sake rubuta babin. Ban wanke Bagiriken tas ba, don akwai wuraren da ya yabi Rumawa fiye da kima, amma na daina yi masa kallon alƙali.

Ga 'yan'uwana masu shirin fita karatu, musamman iyaye mata: ban ce kada ku tafi ba. Amma ku sani yaro ba ya dakatar da girma ya jira ku gama. In da hali ku tafi da shi, in babu ku riƙa zuwa. In kuma zuciya ta yi nauyi, ku faɗa wa wani tun da wuri, neman magani ba rashin imani ba ne. Na samu digirina, alhamdulillahi. Amma haƙorin 'yata na farko a tafin hannun ƙanwata ya faɗi, kuma sai labarinsa aka ba ni.