Yatsun Mai Wankau

Tun da na haifi 'yata wata fargaba ta tare a ƙirjina, ban kuma taɓa faɗa wa kowa ba. Tsorona shi ne kada wata rana in fita, wani abu ya riƙe ni a waje, ta yi ta kuka tana neman nono babu ni. Ko cefane zan je sai na goya ta. In na hango ɗan sanda a bakin titi, ni da ban taɓa ɗaukar ko allurar wani ba, sai in tsallaka ɗaya gefen. Karatuna a aji huɗu na firamare ya tsaya, don haka duk inda ake miƙa wa mutum takarda a ce ya sa hannu, gudun wurin nake yi.

A unguwar Rikkos da ke Jos muke zaune, gidan haya, ɗakinmu yana kallon na surukata, wadda muke kira Inna. Mijina tela ne. Ni kuwa wankau nake yi. Gidaje huɗu nake wanke wa kaya, da sabulun soda da ruwan rijiya, kuma duk wanda ya san ruwan Jos da sassafe ya san cizo yake yi.

A cikin waɗanda nake yi wa wanki akwai wata Madam 'yar ƙabilar Ibo, tana da gidan renon yara a unguwar Kabong, inda ma'aikata ke ajiye 'ya'yansu su tafi aiki. Wata rana na kai mata kaya, ta tsaya tana kallon yadda nake lallashin 'yata, sai ta ce ko zan zo in riƙa kula mata da jarirai. Ta ce in zo da tawa, ta yi wasa da sauran. Na kusa sakin ƙullin kayan don murna. Aiki a inuwa, hannu a bushe, ga ɗiyata a gabana!

Sai ta ƙara da cewa, "Amma ki kawo takardar shaidar hali daga wurin 'yan sandan ciki. Duk masu aikina suna da ita, iyayen yara suna tambaya. Sati biyu ya rage mu buɗe bayan hutu. In ba ta zo ba, ba laifina o, zan ɗauki wata."

Da na koma gida na faɗa, Inna ta ajiye tsintsiya. Ita a unguwar masu haƙar kuza ta tashi, kuma tana da labarin mutanen nan. Ta ce a zamanin babanta kuza ta taɓa ɓacewa a ma'ajiya. Sai wani baƙo ya zo neman aikin lebura, ya yi ta cin tuwo da su, har bashin goro ya ci. Ashe ɗan sandan ciki ne. Ranar da ya bayyana kansa aka jera mutane aka dangwala yatsunsu a tawada, aka tafi da biyu.

"'Yar nan," in ji Inna, "su ba su da kaki, ba ki san su ba sai sun san ki. Kuma yatsan da ya shiga littafinsu ba ya fita."

Mijina ya yi dariya ya ce, "Haba Inna, ciki da gaskiya ai wuƙa ba ta huda shi." Shi ya je shagon kwamfuta aka cike mini takardar nema, aka ba ni ranar da zan je a ɗauki zanen yatsuna.

Ranar na tashi na dubi hannuwana, na ga duk sun yi furu-furu, ga baƙi a gefen farce. Na ce ba zan kai wa hukuma wannan hannu ba, kada su ce ƙazama ce za ta riƙe 'ya'yan mutane. Na ɗauko dutsen goge kaushi da sabulun soda, na zauna na dirje su tas, yatsa bayan yatsa, har suka yi ja suna sheƙi. Na goya 'yata, na cusa kayanta kala biyu a jaka, ko da za a riƙe mu. Mijina ya raka ni a keke har bakin ƙofar ofishin, yana ta ba'a wai ko Makka za mu.

Na zaci zan ga sarƙoƙi da mutane suna kuka. Abin da na tarar benci ne a baranda, mutane na jira. Wani saurayi zai tafi karatu ƙasar waje, wani direba ne da kamfani zai ɗauka, wata kuma malamar asibiti ce. Duk takarda ɗaya muka zo nema. Ma'aikatan suna wucewa da fayil a hannu, wannan da kaftani, wancan da riga da wando, babu yadda za ka bambanta su da mu.

Wadda ta kira ni mace ce mai jiki, da atamfa da suwaita a kai. Hausarta irin ta mutanen nan Filato ce, mai daɗin ji.

"Maman bebi, zo zauna. Kawo hannu, ba cizo."

A gabanta akwai ɗan gilashi mai koren haske, an haɗa shi da kwamfuta. Ta ɗora babban yatsana ta danna. Ta dubi kwamfutar, ta goge gilashin, ta sake ɗorawa. Ta gwada manuni, ta gwada na tsakiya, ta koma hannun hagu. Ni ma na leƙa. Abin da ke fitowa wani farin dusu-dusu ne kamar an shafa koko a faranti.

Ta juya tafin hannuna ta ƙura masa ido, sannan ta ɗaga murya ta ce, "Oga, zo ka gani. Wannan ba ta da yatsa."

Na taɓa ji a rediyo cewa manyan ɓarayi suna goge zanen yatsunsu don kada a gane su. Na ce shi ke nan, abin da nake gudu ya same ni. Na jawo 'yata daga baya na rungume, hawaye na zuba, na fara rantsuwa tun ba a tambaye ni ba.

"Ranki ya daɗe, wallahi tallahi ban taɓa sata ba. Wanke su kawai na yi. Ku tambayi surukata!"

Ogan dattijo ne mai furfura, tabarau a kan hanci. Ya fito yana tauna gyaɗa, ya ce in buɗe hannun. Ya duba, bai daɗe ba ya ce, "Wankau ko?"

Na gyaɗa kai.

"Da sabulun soda. Yau kuma me kika ƙara musu?"

Na ce dutsen kaushi, don su fita fes a gaban hukuma.

Matar ta fashe da dariya har tana dukan tebur. "Kai, maman bebi! Ɗan wanda ya rage ma kika kankare mana shi!" Dattijon ya dara, direban da ke leƙe ta taga ya dara, har 'yata ta ga ana dariya ta kama tafi. Ni ina kuka ina dariya, ban san wanne zan bari ba.

Dattijon ya jawo kujera ya zauna. Ya ce lokacin da ya shiga aikin nan tawada ake shafawa, a mirgina yatsa a kan kati, a tura katin can nesa inda ake ajiyar na masu laifi, mutum ya yi ta jira kafin amsa ta dawo. Ya ce tun a wancan zamanin suke ganin irin hannuna, wurin birkiloli da masu fasa dutse da mata masu wanke kuza.

"Wanda ya goge nasa da gangan tabo yake bari, muna gane shi," in ji shi. "Naki aiki ne ya cinye. Mutane sun ɗauka kamu kawai muke yi a nan. Neman mai laifi muke yi, gaskiya ne. Amma in mun duba ba ki cikinsu, mu ne kuma za mu rubuta mu ce ba ki ciki, kowa ya yarda."

Na tambaye shi ko zanen ya tafi ke nan har abada, don ina tuna sati biyun Madam, ga kwana huɗu sun riga sun wuce. Ya ce yana dawowa in an bar shi ya huta. Matar ta yage takarda ta rubuta, ta karanta mini: kwana bakwai ba wanki, ba wanke-wanke, man kaɗanya safe da yamma. Ta ce, "Kai wa maigida. Ce masa daga ofishinmu ne."

Inna ce ta karɓi takardar, ta sa aka karanta mata sau biyu. Ita da ta fi kowa tsoron mutanen nan, ita ta zama mai tsare umarninsu. Ta kira ɗanta ta nuna masa tulin kayan mutane da na karɓo ta ce, "To, hukuma ta yi magana."

Washegari duk gidan aka fito kallo. Ga mijina ya naɗe hannun riga, ya tsuguna a bakin rijiya da baho uku. Maƙwabcinmu mai gyaran babur ya ce, "Oga tela, an canza sana'a ne? Ina da bargo biyu." Matarsa ta ce a bar shi, yanzu zai san abin da ake kira sanyi. Mijina ya ɗaga zanen wata yana huci ya ce, "Wai wannan duk mutum ɗaya ke ɗaurawa?" Ya shanya kaya a karkace, iska ta kwashe biyu ta kai bayan katanga, ya bi su da gudu da kumfa har gwiwar hannu.

Ni kuwa ina kan tabarma a rana, Inna ta lafta mini man kaɗanya ta zura mini safar ƙafa a hannu. In na miƙa hannu zan ɗauki ko cokali ne, sai ta ce, "Ajiye, amarya!" Tun da na zo gidan ban taɓa zama haka ba. A kwanakin ne na lura 'yata ta iya hawa dakali ita kaɗai, kuma in tana jin barci kunnenta na hagu take ja. A da ina duƙe a kan baho, sauti kawai nake ji.

Amma fargabar ba ta bar ni ba. Kullum da safe sai in cire safar in ɗaga yatsuna a hasken rana. Kwana uku ban ga komai ba. A na biyar na ga wasu siraran layuka kamar zare, na ruga na nuna wa Inna, ta ce ita idonta ba ya gani amma ta yarda.

Da na koma, matar ta hango ni tun daga baranda ta ce, "Ga mai dutse ta dawo!" Ta sa na hura wa yatsan iska daga bakina, ta ɗora. Sai ga shi ya fito a kwamfuta, ƙato, layi bayan layi suna zagaye kamar kunyoyin dankali a gefen tsauni. Ban taɓa sanin ina ɗauke da abu mai kyau haka ba. Ƙaramin yatsan hagu ya ɗan yi gardama, sai a karo na uku ya yarda. Dattijon ya leƙo ya ce, "Ka ga hannun mutuniyar kirki."

Takardar ta fito ana gobe za a buɗe gidan renon. Mijina ya karanta mini ita a tsakar gida, ya fassara: an duba, ba a same ni da komai ba. Inna ta rangaɗa guɗa, ta ce a sa mata leda kada ruwa ya taɓa. Yanzu jarirai biyar nake kula da su a Kabong, tawa ta shida, kuma ita ce shugabar masu ƙwace biskit.

Abin da nake roƙon mai karanta wannan kaɗan ne. In kana da mata ko ƙanwa ko maƙwabciya mai wankau, aka ce ta je a ɗauki zanen yatsunta, don Allah ka karɓi wankin nan na sati guda, ka saya mata man kaɗanya, ranar zuwa kuma ka raka ta.