Masarar da Baba Tica ya shuka da rani

Shekara tara ke nan da rasuwar surukina, Malam Isiyaku, wanda duk Gangaren Tudu, unguwarmu a Keffi, ke kira Baba Tica saboda daɗewar da ya yi yana koyar da darasin noma a sakandare. Shekara goma sha ɗaya muka yi gida ɗaya, amma in aka tattara maganar da ya taɓa yi mini kai tsaye, ba za ta cika rabin shafin nan ba. Mutum ne mai kunya irin ta mutanen da. Ko sunana ba ya faɗa, sai dai ya ce "'yar Panda", don can ne garinmu. Mijina Sule kuwa ɗan fari ne, shi ma ba a ambaton sunansa, sai dai Baba ya ce "wancan mai zuwa Abuja", don can yake aiki.

Duk kunyar nan, da an shiga lambunsa na bayan gida sai bakinsa ya buɗe. Ba da ni yake ba, da duk wanda ya samu yake, amma ina wanke-wanke a bakin rijiya ina ji. A nan na fara jin cewa gwanda akwai namiji akwai mace, kuma wanda ya sare namijin don ba ya 'ya'ya ya cuci macen. A nan na ji cewa ƙudan zuman da ke yawo a furen kabewa aiki suke, suna kwasar garin wannan fure su kai wa wancan. Kaza ma, in ji shi, za ta yi ta saka ƙwai ko babu zakara, amma ko ta shekara tana kwanci a kansa ba za ta ƙyanƙyashe komai ba. Inna, matarsa, takan ce an yi wa Malam ritaya amma an manta a gaya masa.

A lokacin ina shekara ta shida da aure, ko ɓatan wata ban taɓa yi ba. Ba zan ce an wulaƙanta ni ba. Inna tana sona, kuma son ne ya sa ta bazama nema mini magani. Saiwa, sassaƙe, jiƙo mai ɗaci da mai bauri, babu wanda ban ɗirka ba. Akwai wani tulu a ƙofar ɗakina da ba ya rabo da jiƙo. Asibiti ma na je, aka duba aka ce ba a ga komai ba, a zo da maigida. Sule ya ce shi lafiyarsa lau, ga aiki, ga hanya, wace rana zai zauna layi da mata? Ban ga laifinsa sosai ba, don ni kaina na yarda matsalar a jikina take. Har na fara tunanin in tattara in koma Panda, in sake masa mara ya nemi mai haihuwa.

Ana cikin haka, da tsakiyar rani, Baba ya tashi shuka masara a lambu. Kowa ya yi mamaki. Babu mai masara a unguwar a wannan lokacin, ga shi sai an ja ruwa a rijiya. Ya kuma ɗora wa Sule ban ruwa duk Asabar da Lahadi. Masara ta yi kyau shar, ta kai kafaɗa. Amma da ta fara fid da kai, kafin furen saman ya buɗe, Baba ya bi da wuƙa ya yanke shi kakaf, bai bar ko ɗaya ba. Ta yi goyo, ta fid da gemu, wanda ya gani sai ya ce bana za a sha gasasshiya.

Ranar da aka zo karya, ina tsakar gida ina tankaɗe. Sule ya ɓare na farko, totuwa ce fara fat, babu ƙwaya. Na biyu haka, na goma haka. Ransa ya ɓaci, ya fara lissafa masu laifi: ƙasar ta gaji, taki bai isa ba, irin ne mara kyau. Baba ya bar shi ya gama. Sannan ya yi bayani kamar yana gaban allo, ya ce kowane silin gemu hanya ce zuwa ƙwaya ɗaya, kuma sai garin da ke zubowa daga furen sama ya sauka a kansa ƙwayar za ta samu. Daga nan ya ɗaga murya kaɗan, yana duban totuwar, ba ɗansa ba.

"Ƙasa lafiyarta lau, gemu lafiyarsa lau. Ko shekara shida za ka yi kana zuba mata taki, in ba ka duba sama ba, wannan za ka ɓare. Mutum ma haka Allah ya tsara shi, iri biyu ne ke haɗuwa."

Ni kuwa rariya ta kusa suɓuce mini. Wata uku cur tsohon nan ya yi yana jan guga don ya faɗi abin da kunya ta hana shi faɗa wa ɗan fari a zaure. Da zai wuce ya tsaya daidai tulun nan, ya juya mini baya, ya yi mini magana mafi tsawo da ya taɓa yi mini.

"'Yar Panda, a zubar da wannan. Kin sha ya isa."

Na shiga ɗaki na yi kuka, kuma na daɗi ne. Ban san akwai wanda yake ƙirga shekarun nan tare da ni ba.

Sati biyu Sule ya yi yana kumbure-kumbure, sannan wata Litinin ya fasa shiga motar Abuja, muka tafi asibiti tare. Aka gano wata jijiya ce ta kumbura take rage masa ƙarfin iri. Aka yi masa ɗan aiki, ya sha magani. Bayan shekara biyu na haifi Maryam. Baba ya goya ta a kafaɗa, ya zaga da ita lambu har ta shekara uku, sannan Allah ya karɓi abinsa. Ban sake haihuwa ba, kuma wallahi ban taɓa jin an rage ni da komai ba.

Ina yawan tunanin me zai ce da ya ga yau. Yanzu ana iya haɗa ƙwan mace da irin namiji a ɗakin gwaji a mayar cikin mahaifa, kuma na san matan Keffi da suka je Abuja aka yi musu. Na tabbata da zai bi likita da tambaya har sai likitan ya gudu. Amma da zai leƙa layin awon masu neman haihuwa ya ga har yanzu mata ne zalla, ko ya ga yadda ake tallan jiƙo ta waya kala-kala, duk na mace, na san gida zai dawo ya nemo gugansa.

Lambun yana nan, ko da yake ɗakunan hayar ɗalibai sun cinye rabinsa. Maryam ce ke shuka masara yanzu, kuma ta hana kowa taɓa furen samanta, ko awaki za a yankar wa. Bara ta kawo zanen fure daga makaranta tana yi wa ubanta bayani, shi kuma yana gyaɗa kai kamar bai taɓa ji ba. Amma abin da ya fi kama da gadon Baba a wurina shi ne Sule. Mutumin da ya ce ba zai zauna layi da mata ba, yanzu abokan aikinsa uku na sani da ya raka asibiti da ƙafarsa. Ba ya ɓoye musu cewa shi ma an duba shi.

Allah ya jiƙan Baba Tica, ya sa Aljanna ce makomarsa. Tulun nan yana ƙofar ɗakina har gobe. Ruwan sha nake zubawa a ciki.