Zogalen Iya

Har yau in na tuna abin da Yaya Sabi'u ya yi wa tsakar gidanmu na Likoro, sai raina ya ɓaci. Da can ba gidan a zo a gani ba ne. Fili ne da murhu, sai zogale da lalle da kakarmu Iya ta shuka a jikin katanga. Matan unguwa ba sa neman izini. Sallama kawai suke yi su tsinka, a ɗan taɓa hira su wuce.

A gindin zogalen nan muke zama bayan magariba, tukunya na kan wuta, Iya tana gyaran ganye a faifai. Sai ta ce, "To ga ta nan tafe, wanda ya yi gyangyaɗi ba na maimaita masa."

Tatsuniyar da ta fi yi mana ita ce ta wata mata mai tsananin tsabta. Matar ta gaji da maƙwabta masu shigowa tsinkar ganye suna ɓata mata shara, sai ta tumɓuke komai, ta daɓe tsakar gida har yana sheƙi. Aka daina shigowa. Ran nan ta zame ta karye, ta kwana uku tana kira ba wanda ya ji. Sai da akuyar wani ta ɓata, aka leƙo nema, aka tarar da ita.

"Da akuyar ba ta ɓata ba fa?" in ji Yaya Sabi'u.

"Da ta mutu cikin tsabtarta," in ji Iya. "Ku kuna gani ganye suke zuwa tsinka. Ni na san duk wadda ta shigo sai ta ga fuskata."

Da bakinsa ya yi tambayar nan, shi ya sa nake jin haushinsa.

Iya ta daɗe da rasuwa, Baba ma ya bi ta, gidan ya rage sai mahaifiyarmu Inna. Bara Yaya ya taso daga Kaduna da wani hoto a waya, wai zai gyara mata gida. Aka sare zogale, aka tone lalle, aka shimfiɗa ciyawa irin ta gidan gwamnati. Ga kujerun siminti, ga furanni an kewaye da bulo, ga ƙofar ƙarfe saboda awaki. Kujera shida ga mace ɗaya!

Da na zo daga Makarfi, a ɗaki na sami Inna kwance. Kwananta huɗu da zazzaɓi, ko kunu ba wanda ya dama mata.

"Inna, ina Goggo Hanne?" na ce. Maƙwabciyarmu ce, a da kullum tana gidan.

"Ta zo sau ɗaya," Inna ta ce. "Ta cire takalmi a bakin ciyawar, ta tambaye ni ko ana miya da furen nan. Kin san ta da kunya. Ba za ta riƙa shigowa ba dalili ba, kar a ce kwaɗayi ya kawo ta."

Nan take na kira Yaya. Wai ni ce ban san ci gaba ba. Na ce, "Yaya, kai ne fa mai tambayar akuya." Sai na kashe wayar, don sauran abin da ke bakina bai dace da ƙanwa ba.

Washegari na ɗauki fartanya na nome layin furanni guda, na roƙo rassan zogale na kafa, na buɗe ƙofar na tokare ta da dutse.

"Yayanki zai yi faɗa," in ji Inna.

"Ya yi."

Muna yara na ɗauka Iya tana kare ƙazantar tsakar gidanta ne da tatsuniyar nan. Sai da na ga Inna kwance na gane shirin tsufanta take yi, reshe bayan reshe.

Da damina ta zauna Inna ta bugo mini waya, tana ta mita. Wai Hanne da surukarta sun tsinke mata zogale tas, ko toho ba su bari ba, kuma sun zaune mata a kan ciyawa tun hantsi sun hana ta barcin rana.

Ina jiyo dariyarsu a bayanta.