Majinyaciyar Ƙarshe ta Malam Dabo

Yau kwana arba'in da rasuwar Dabo, kuma har yanzu na kasa zama a rumfata ta Kantin Kwari na awa guda cur. Sai in fara jera atamfa, can sai in ga kaina tsaye a bakin titi, ban san abin da ya fito da ni ba. Shi ya sa na zauna rubuta wannan, ko zuciyata za ta lafa.

Dabo malamin asibiti ne. Kakansa ya zo Fagge daga Borno da fataucin kanwa, ya zauna bai koma ba. Lungu ɗaya muka tashi da Dabo, allo ɗaya, firamare ɗaya. Ni na shiga kasuwa, shi ya wuce makarantar koyon jinya. Mahaifinsa ya yi wata uku ba ya amsa gaisuwarsa, yana cewa ɗansa ya rasa sana'ar yi sai ɗaukar fo na marasa lafiya. Da ciwon ajali ya kama tsohon, hannun Dabo kaɗai yake yarda ya juya shi.

Ya sha ba ni labarin ranar da aka yaye su. Kowa ya riƙe 'yar fitila, wata tsohuwar metiron, shugabar ma'aikatan jinya, ta sa suka yi rantsuwa. Ya ce kalmomin sun ɓace masa tuni, abu biyu ne suka zauna. Sirrin mara lafiya ba ya fita daga bakinka, kuma ba a tashi daga aiki sai an miƙa. Miƙawar ita ce ka bi gado gado da wanda ya zo karɓarka, ka faɗa masa wannan me ya sha, wancan me ake jira a kansa, wanene yake cewa ya haɗiye ƙwaya alhali ta tafi ƙarƙashin matashi.

Ranar ɗaurin aurena shi ne babban aboki, amma sai da aka shafa fatiha aka watse ya iso, da farin kayan aikinsa. Wanda zai karɓe shi ne bai zo ba.

Na ce, "Da ka sulale mana, wa zai sani?"

Ya ce, "Mutumin gado na shida zai sani. Kai kuwa ango, ko babu ni ka samu mata."

Ya yi aiki tun zamanin da ake dafa sirinjin gilas a tukunya a kan risho. Shekarar da aka yi sanƙarau, lokacin da ake shimfiɗa mutane a baranda saboda gadaje sun ƙare, mun yi sati biyar ban sa shi a ido ba. Da ya yi ritaya daga asibitin gwamnati sai ya kama aikin safe a wani ƙaramin asibiti a Sabon Gari, tare da Sista Monica, wadda a nan aka haife ta, Hausarta ta fi tawa gishiri. Bayan la'asar kuma ya hau babur ɗinsa ya shiga lungunan Fagge. Akwai tsofaffi masu ciwon suga da hawan jini da gyambo waɗanda ba sa zuwa asibiti, wasu don tsoro, wasu don kada 'ya'yansu su sani. Shi yake bin su gida gida. Bai taɓa rubuta sunan kowa ba, ya ce takarda ba ta san hannun da ya kamata ta faɗa ba. Duka a kansa suke.

Na taɓa ganin babur ɗinsa a ƙofar wani attajiri, na tambaye shi wa ba shi da lafiya.

Ya ce, "Kai ne. Hawan jini da son jin maganar mutane. Na farkon kawai nake da maganinsa."

Bayan babbar Sallar bana idonsa ya koma ɗorawa, cikinsa ya fara hawa. Ya ci gaba da zagayensa har ranar da ya kasa tayar da babur. Muka kai shi babban asibiti, ni da yayansa Alhaji Abdulƙahhar. Likita ya kira mu gefe ya ce ciwon dajin hanta ne, ya yi nisa, a mayar da shi gida a lallaɓa shi. A cikin mota, kafin a fito da Dabo, Alhaji ya riƙe hannuna ya ce, "Mumini, ka yi min alkawari. Kada ya ji. Idan ya ji zai karaya." Na yi alkawari. Da muka isa gida Alhaji ya karɓe wayar Dabo ya kashe, wai don ya huta.

Alhaji ba mugu ba ne, shi ya zama uba ga Dabo bayan mahaifinsu. Haka muka saba yi wa wanda muke ƙauna. A shigo a ce ya jiki, a ce da sauƙi, a ce ai har ka fara murmurewa.

Kwana biyu da dawowarmu Dabo ya ce min, "Mumini, ka je Sabon Gari ka ɗauko min Monica. Zan miƙa."

Alhaji yana zaune a bakin gado. Ya ce, "Miƙa me, Dabo? Kai da za ka koma aiki nan da sati biyu?"

Dabo bai yi musu da yayansa ba, bai taɓa yi ba. Ni ya kalla. Ni kuma na sunkuyar da kai ina gyara masa bargo.

Washegari ya sake faɗa, na ce Monica tana da aiki da yawa. Rana ta uku na ce na manta. Kullum sai in fito daga gidan, in bi Titin Ibrahim Taiwo a ƙafa har in hango hanyar Sabon Gari, sannan in juyo. Ina gaya wa kaina alkawari nake riƙewa. Gaskiyar ita ce ranar da na kawo Monica, ranar na yarda Dabo tafiya zai yi, kuma ban shirya yarda ba. Kwana tara na yi haka.

Matarsa Falmata ce ta tare ni a zaure. Ta ce, "Malam Mumini, shekara talatin da biyar yana ganin irin wannan idon a fuskar mutane. Wa muke ɓoye wa? Ba mutuwa ce take hana shi barci ba, mutanensa ne."

Na tari adaidaita. Monica tana ganina ta ajiye abin da ke hannunta, ta ce, "Sai yau? Na zo sau biyu an ce min yana barci."

A ƙofar ɗaki muka yi karo da Alhaji. Na ce, "Alhaji, ka gafarce ni, na karya alkawari." Ya kalle ni, sannan ya matsa gefe, ya fita tsakar gida ya zauna a kan turmi, babban mutum da furfurarsa.

Dabo ya ga Monica ya yi murmushi, ya ce, "Sista, kin makara."

Ta ce, "Direbana ne malalaci."

Na ja kujera zan zauna, ya ce, "Fita, Mumini. Wannan ba na kunnenka ba ne." Na fita ina share ido, ina kuma dariya.

Tun hantsi suke har aka kusa kiran azahar, saboda yana magana yana hutawa. Da Monica ta fito ta ce ya faɗa mata tun farko mutum goma sha bakwai ne. Ya ba ta goma sha shida, suna da gida da magani da halin kowa. A kan ta ƙarshe ƙarfinsa ya ƙare. Abin da ya iya cewa shi ne tsohuwa ce, ciwon ƙafa ne, wanki duk bayan kwana biyu, gida mai koren ƙyaure bayan masu ɗinkin hula. Daga nan hankalinsa ya fara gushewa, yana kiran mutanen da suka daɗe da rasuwa. Bai sake dawowa daidai ba. Ranar Alhamis da rana ya cika.

Monica ba ta san lungunan Fagge ba, dole ta faɗa min wannan kaɗan ɗin. Washegarin jana'iza muka fara nema. Ban taɓa sanin koren ƙyaure yana da yawa haka a unguwarmu ba, masu ɗinkin hula kuwa wuri huɗu ne. Ba mu da ikon tambayar ko akwai mai ciwon ƙafa, don ba mu san wa ya sani a gidan ba. Ni in yi sallama in tsaya a zaure, ita ta shiga ta ce ta zo sanar da tsofaffi rasuwar Malam Dabo, tana kallon fuska, tana kallon ƙafa.

Rana ta goma sha ɗaya muka same ta. Inna Jawahir, a ɗakin ƙurya, ta naɗe ƙafar da tsohon zane tana turara ɗakin don kada a ji wari. Ta ɓoye wa 'ya'yanta saboda tsoron a kai ta a yanke. Ba wanda ya gaya mata rasuwar, don ba wanda ya san akwai abin da ya haɗa su bayan gaisuwa. Da ta ga jakar Monica sai ta ce, "Ina Malam Dabo? Bai taɓa saɓa min rana ba."

Monica ta yi awa guda tana lallashinta kafin ta yarda a kira babban ɗanta. An cire yatsu biyu, ƙafar ta tsira. Ita da kanta ta ba ni izinin rubuta sunanta, da ba zan rubuta ba.

Monica ta ce ba ni na sa wa Inna ciwon ba. Haka ne. Amma da na je Sabon Gari ranar da ya fara aikena, lokacin muryarsa tana da ƙarfi, da ya faɗi sunan da gidan a numfashi ɗaya.

Yanzu duk bayan kwana biyu nake raka Monica gidan, in zauna a zaure har ta gama wanki. Inna takan aiko min da goro, ta ce a ba abokin Malam. A hanyar komawa kasuwa ina kallon ƙyauren kowane gida, ko akwai wani da ya rage yana jiran Dabo. Monica ta rantse min goma sha bakwai ya ce, kuma Dabo ba ya kuskuren ƙirga mutanensa. Na yarda da ita, amma ina kallo.

Allah ya karɓe ka da hannun rahama, Dabo, yadda ka riƙa karɓar bayinsa. Ka yafe min kwana taran nan.