Zaituna, Wadda Ba Ta Rage Maganar Likita

Ƙarfe shida da rabi na safe, in ka tsaya a bakin layinmu na New Bell, za ka ga wata mace gajera ta fito da lema a hammata, ko ana ruwa ko ba a yi, don saman Douala ba abin yarda ba ne. Ba ta hawa benskin, wato babur ɗin haya. Ta ce kawunan da ta ɗinke saboda babur sun ishe ta wa'azi. Da ƙafa take tafiya, tana tsallake kwatami, tana amsa gaisuwa da Hausa a nan, da Fulatanci a can, da Faransanci wurin mai kanti, da Pijin wurin mai soya benye, fanken nan namu. Zaituna ke nan, da muke kira Maman don girmamawa, 'yar marigayi Malam Saminu tela, nas a ƙaramin asibitin unguwarmu. Ƙarshen watan nan za ta ajiye farar riga, bayan shekara talatin da uku.

Aikinta kowa ya san shi: awon tansiyon, wato hawan jini, allura, wankin miki, da rubutu a karne, ɗan littafin nan da mara lafiya ke yawo da shi. Amma ba don allura na ɗauki alƙalami ba. Akwai wani aiki da take yi wanda babu shi a takardar ɗaukarta, shi ne tafinta.

Likitocinmu yawanci da Faransanci suke magana, tsofaffinmu kuwa "bonjour" kaɗai suka riƙe. Sai muka saba da jan yaranmu 'yan boko su fassara mana. To, yaran nan akwai kunya, akwai tausayi. Likita zai yi magana har ya tsaya ya sha ruwa ya ci gaba, ɗanka ya juyo ya ce maka, "Ya ce ka rage gishiri." Duk mun san ana yi. Mun ma ɗauke shi ladabi ne.

Zaituna ba ta ba da labarin kowa, sai ɗaya, shi ma don na gidansu ne. Mahaifiyarta, Inna Sa'ida, ta sha wahalar haihuwar ƙanen Zaituna a wani asibiti tun zamanin da, aka yi mata aiki. An kawo takarda ta dangwala yatsa. Wanda ya fassara mata ya ce wankin ciki ne kawai, ashe mahaifar aka cire gaba ɗaya. Shekara tara baiwar Allah nan tana shan saiwoyi da rubutu tana neman haihuwa, kafin wata ungozoma ta duba tsohuwar takardar ta gaya mata. Zaituna na 'yar shekara goma sha huɗu a lokacin, ita ce ma take dafa saiwoyin. Ta ce aikin ya ceci ran Inna, ba ta da ja. Abin da ya tsaya mata shi ne, kowa a ɗakin ya san abin da aka yi wa jikin, ban da mai jikin.

Shekara huɗu da suka wuce, maƙwabcinmu Alhaji Hamman mai goro ya kwanta. Mutumin Ngaoundéré ne, ya shekara arba'in a Douala. Ya rame, idanunsa suka yi rawaya. Babban ɗansa Imrana, wanda ke aikin ofis a Akwa yana zaune a Makèpè, ya zo da mota ya kai shi asibitinmu. Matar Alhaji, Hajiya Larai, aminiyata ce, tana cikin ɗakin. Daga bakinta da na Imrana na ji abin da zan faɗa, da izininsu kuma nake faɗa.

Likita ya ɗaga hoton ciki ya daɗe yana bayani. Ciwon daji ne a hanta, ya riga ya bazu, abin da ya rage shi ne rage masa zafi. A ganinsa watanni ne, ba shekaru ba. Imrana ya juyo ya ce, "Baba, ya ce ciwon shawara ne ya yi ƙarfi. Za ka sha magani, ka huta."

Zaituna na gefe tana naɗe abin awon tansiyon. Ba ta ƙaryata yaron gaban ubansa ba. Ta jawo kujera ta zauna daidai fuskar Alhaji, ta ce, "Baba Alhaji, likita ya yi magana mai tsawo, mai nauyi kuma. Taka ce. In kana so, in juya maka ita duka yadda ya faɗa. In kuma ka fi so Imrana ya riƙe maka, sai ya riƙe, ba wanda zai matsa maka."

Imrana ya miƙe. "Maman, s'il vous plaît! Ubana ne fa."

"Na sani, ɗana. Shi ya sa shi nake tambaya."

Alhaji ya dubi ɗansa, ya dubi likita, ya yi murmushi. "'Yar Saminu, shekara arba'in ina sayen goro. Tun kafin a kwance huhu nake gane wanda ya lalace, a fuskar mai sayarwa. Fuskar yaron nan ba ta shawara ba ce. Faɗa mini."

Ta faɗa masa, a hankali, tana tsayawa yana tambaya, tana mayar wa likita. Ba ta yanka masa rana ba. Ta ce, "Wannan iyakar abin da likita ya gani ke nan. Sanin ranar yana wurin Mai ranar." Hajiya Larai ta ce tambayar Alhaji ta ƙarshe ta ba kowa mamaki: "Tambaye shi, jikin nan zai iya jirgin ƙasa?" Likita ya ce yanzu zai iya, nan da wata biyu bai sani ba.

Kafin la'asar unguwa ta ɗauka. Imrana ya kai ƙara wurin shugaban asibiti, aka kira Zaituna ofis. A gidan suna, mata suka yi ta. "Ita ce Allah?" "Ta yanke wa tsoho tsammani." "Aikin asibiti ya busar mata da zuciya." Ba zan ɓoye ba, har da bakina a ciki. Na tare ta a hanya na ce, "Zaituna, ke kuwa ba kya tausayi?" Ta gyara lemarta ta ce, "Yaya, ban san wa kike nufi ba, ni ba na fita da maganar ɗaki. Ina kwana dai?" Ta wuce ta bar ni tsaye da kwandon cefane.

Ke Zaituna, wata guda kika yi ana amsa gaisuwarki da hanci. Kina da abin da za ki faɗa ki wanke kanki, cewa Alhaji ne da kansa ya nema. Kika yi shiru, don ko wannan ɗin ma sirrinsa ne.

Abin da yawancinmu muka manta shi ne, Alhaji yana da ƙane a Ngaoundéré, Ɓoɓɓo, shekara ashirin da biyu ba sa magana. Ranar da mahaifiyarsu ta rasu, Alhaji yana hanya, ya aika a jira shi. Ɓoɓɓo ya bi maganar malamai aka rufe ta bayan azahar. Alhaji ya iso ya tarar da ƙasa. Bai sake taka gidan ba. Kullum cewa yake, "Sai na warware, sai bayan salla." Da an bar shi a kan cewa ciwon shawara ne, da yana nan kan tabarma yana jiran warwarewa.

Kwana shida bayan ganin likita ya hau mota zuwa Yaoundé, daga can jirgi, shi da Hajiya Larai. Ta ce Ɓoɓɓo yana alwala a ƙofar gida suka sauka. Ya ɗago, butar ta faɗi. Alhaji ya ce, "Har yanzu ba ka iya riƙe buta ba?" Tsofaffi biyu, masu furfura, suka rungume juna suna kuka a titi. Tare suka je kabarin. Alhaji ya yi kwana saba'in da ɗaya a ɗakin da aka haife shi. Da ya ji jiki ya yi nauyi, da kansa ya sa aka kira Imrana, ya kuma ce wa Ɓoɓɓo, "In na cika kafin ya iso, kada ku jira. Daidai ka yi wancan karon." Imrana ya riske shi da rai, da kwana biyu.

Ban ce kowa irin Alhaji ba ne. Akwai tsohuwar da Zaituna ta yi wa tambayar nan ta ce, "Ni kam ba na son ji, gaya wa 'yata," ta kuwa riƙe bakinta har ƙarshe. 'Yar ce ta ba ni labari. Ni kaina in aka zo kaina ban san wanne zan zaɓa ba. Amma ina so a tambaye ni.

Bara Hajiya Larai ta fara ciwon ƙirji. Imrana ya kai ta. Da suka shiga wurin likita, mutumin da ya yi digiri da Faransanci ya tsaya a bakin ƙofa ya ce, "A kira mini Maman Zaituna." Da ta zo ya sunkuyar da kai. "Maman, ke ki fassara. Ni bakina ba zai iya ba, sai na rage." Ta ce, "To zauna ka riƙe mata hannu. Wannan kai ka fi ni iyawa."

Zaituna 'yar Saminu, kunnen tsofaffi, mun gode. Ki yafe mana abin da muka faɗa a gidan suna. Allah Ya ba ki hutu mai daɗi, Ya jiƙan Inna Sa'ida, Ya saka miki da abin da ba za mu iya ba.

Ku kuma yaranmu masu Faransanci, na ofis da na asibiti, daga wata mai zuwa babu Zaituna a ɗakin nan, ku ne za ku tsaya tsakaninmu da likita. Mun san don ƙauna kuke ragewa. Amma kafin ka ce wa tsohonka gishiri ne, jawo kujera ka zauna daidai fuskarsa, ka tambaye shi ko yana son ji. Ba ka san wa yake da shi a Ngaoundéré ba.