Ɗakin da Baba Ya Lulluɓe da Zana

Ɗan ƙanen babana ne ya kawo mana wannan sana'a daga Faransa, kuma tun ranar da ya fara bayaninta ban yarda da ita ba. Karatun harshe ya kai shi can, ya yi 'yan shekaru, ya dawo Umdurman da siririn gashin baki da labari fal bakinsa. Ya ce a ƙasar can akwai masu ƙananan motoci da ke ɗibar baƙi 'yan kaɗan da safe, su zaga da su ƙauyuka, su shiga kasuwar mako, a ɗanɗana musu cuku da zuma, a nuna musu tsohuwar rijiya, kafin magariba a mayar da kowa masaukinsa. Wai kuma biya suke yi.

Na ce masa, "Su biya don a kai su ƙauye? Mu da muka sha baƙar wuya kafin mu fito daga cikinsa?"

Ya yi dariya ya ce, "Yaya, kai dai tuƙi ne naka. Magana tawa ce."

A lokacin ina jan hafla, ƙaramar bas ɗin nan ta haya, tsakanin Kalakla da tsakiyar Khartum. Ranar Juma'a ofisoshi a rufe suke, fasinja sai ɗai-ɗai, motar ta yini a ƙofar gida tana shan rana. Shi yana da baƙi ba shi da mota, ni ina da mota da iyali masu son cin abinci. Haka na shiga aikin, zuciyata rabi da rabi.

Baƙin nasa Faransawa ne mazauna Khartum, malaman makaranta da ma'aikata da matansu, waɗanda zaman gida ya ishe su. Mukan fara da Kasuwar Umdurman tun da sauran sanyin safiya. Ya bi da su layin maƙeran tagulla, ya shinshina musu kayan ƙamshi, ya tsayar da su wurin wani mai agashe, wato tsire, ɗan unguwarmu su ci su yi ta fifita baki saboda yaji. Daga nan mu haye gada, mu miƙa kudu ta Kalakla, mu bi gaɓar Farin Nilu har wata kasuwar ƙauye inda ake soya kifi a bakin ruwa. Ni dai ina bayan sitiyari, idona ɗaya a hanya, ɗaya a madubi.

Masu sayayya ba su dame ni ba. Wanda ya sayi tsakiya ko butar jabana ta dafa gahawa, ka san abin da ya kawo shi. Wanda ya tsaya mini a rai wani dogo ne mai furfura, da yake zuwa kusan kowane mako shi kaɗai. Bai taɓa sayen ko allura ba. Mutane na kallon kaya, shi yana kallon sama, yana duba yadda aka ɗora rufin rumfa. Ya tsaya jikin bangon shago ya ƙwanƙwasa shi da bayan yatsa, ya kasa kunne, sa'an nan ya ja da baya ya ɗauki hoto. Bango fa, ba mutum ba.

Na ja ƙanen nawa gefe na tambaye shi aikin mutumin. Ya ce malamin gini ne a wata makarantar koyon sana'a, gini shi ne abin sha'awarsa.

Na ce, "Shi ya faɗa maka?"

"Shi ya faɗa mini."

"To, da wani aikin yake yi, faɗa maka zai yi?"

Ya ce ni dai komai sai na ga aljani a cikinsa. Ban musa ba, halina ne, kuma da dalili.

Iyayenmu 'yan kambo ne, wato zangon 'yan ƙwadago a gonakin audugar Gezira. Baba ya ƙare ƙuruciyarsa yana tsinkar auduga a ƙasar da ba shi da ko taki ɗaya a cikinta, yana kwana a bukkar kara a gefen magudanar ruwa. Da ƙarfinsa ya fara raguwa, shi da wasu 'yan uwa suka taso suka sauka a wani fili kudu da Kalakla, wanda babu wanda ya ba su, babu kuma wanda ya kore su tukuna. Ya kama aiki wurin masu gasa bulo a bakin kogi. Wani lokaci maimakon lada sai ya karɓi bulo, ya ɗoro a amalanken jaki ya kawo gida. A hankali a hankali, da hannunsa, ya tayar da ɗaki guda na jan bulo, ya sa masa ƙofar ƙarfe da taga. Shi ne ɗakin gini na farko da ya taɓa kwana a ciki a matsayin nasa.

Sai dai a unguwar kowa ya yarda da abu ɗaya: masu rusau ba sa damuwa da bukka, don mai bukka baƙo ne, gobe ma yana iya tashi. Wanda ya yi gini shi ne ya ce ƙasar tasa ce, shi ake shafa wa jan fenti a bango, a dawo da katafila. Ko haka dokar take, ko ba haka take ba, ban taɓa ganin wanda ya karanta ta ba, amma mun sha jin an yi a wasu unguwanni. Don haka duk wanda ya yi gini sai ya lulluɓe shi. Baba ya kewaye ɗakinsa da zana daga ƙasa har sama, ya shimfiɗa ciyawa bisa kwanon rufin. Daga hanya, rumfar kara kawai za ka gani. Kuma idan baƙuwar mota ta tsaya, yara ma sun san ba a nuna hanya, ba a amsa tambaya.

Wannan unguwar ce ƙanen nawa ya tashi wata rana ya ce zai kai baƙinsa. Wai sun gaji da kifi, suna son su ci abinci a gidan mutane, kamar yadda ake yi a ƙauyukan can. Na ce masa ba da motata ba. Sai ya wuce ni ya tafi wurin Baba kai tsaye, ni kuma na bi shi don in ji da kunnena.

Ya durƙusa ya gaishe shi, ya ce, "Baffa, baƙi ne nake so in kawo su ci tuwon Inna. Hawaja ne, Turawa, ba ruwansu da hukuma."

Baba ya daɗe yana jan carbi. Na ga abin bai kwanta masa ba, amma mutum ne da bai iya cewa baƙo kada ya zo ba, balle ɗan ƙanensa marigayi ne yake roƙo.

Ya ce, "Abinci kawai za su ci?"

"Abinci kawai, Baffa. Wallahi ma fi mushkila, babu wata matsala."

"To, a zaunar da su ƙarƙashin dalbejiya. Kada kowa ya zaga baya."

A hanya na roƙi ƙanen nawa abu ɗaya, kada ya zo da dogon nan. Ya ce ba zai iya ce wa mutum ka sauka ba alhali ya saba zuwa. Ranar Juma'a da na tsaya ɗaukarsu, dogon ne ya fara shiga, ya zauna a kujerar gaba kusa da ni, yana yi mini murmushi. Ban mayar masa ba.

Da muka shiga unguwar, tsit ta yi kamar an yi mutuwa. Mata sun janye yara, maza sun tsaya daga bakin zanarsu suna bin motar da ido. Baƙin kuwa sai ɗaga hannu suke yi ta taga, suna cewa wuri ne mai natsuwa. Inna ta yi tuwon dawa da miyar busasshiyar kuɓewa, ta gasa kisra, wainar nan ta dawa mai faɗi, ta dama kunun godo-godo mai sanyi. Suka zauna a tabarma suna fama da loma, miya na bin guiwar hannunsu, har ni sai da na ɗan saki jiki na yi dariya. Na tashi in ɗauko butar shayi daga wurin Inna. Da na dawo, wurin dogon babu kowa.

Na ajiye butar na zaga baya da sauri. Na same shi tsaye jikin ɗakin. Ashe wanke hannu ya je yi, ya dafa zana, ya ji abu mai tauri a bayanta. Ya riga ya buɗa karan da hannu biyu, ya cusa kai yana kallo. Yana ganina ya kira ƙanen nawa da murna, yana magana da sauri da harshensu, yana shafa bulon. Kafin in ce uffan sauran baƙin sun taso, Baba ma ya taso a bayansu.

Ƙanen nawa, fuskarsa duk ta canza, ya fassara. "Baffa, yana tambaya wa ya yi ginin."

Baba ya ce, "Ka ce masa ni ne."

"Ya ce yaushe?"

Baba ya waiga ya dubi hanya. Dogon ya nuna layin bulon, ya ce bai ga karkata ko kaɗan ba, wai aikin gwani ne, me ya sa za a ɓoye abu mai kyau haka? Ya ƙara buɗa zanar, ya nemi Baba ya tsaya a wurin ya ɗauke su hoto tare da bangon. Na matsa zan tare, Baba ya ɗaga mini hannu. Baƙonsa ne, ya ci abincinsa. Baba ya gyara hularsa ya tsaya, har da murmushi, aka ɗauka. Ban taɓa jin tausayin mahaifina irin na wannan lokacin ba.

Da za mu tafi Baba ya riƙe hannun ƙanen nawa a bakin mota.

"Hoton nan, ina zai kai shi?"

"Zai nuna wa abokansa ne kawai, Baffa."

"Su wane ne abokan nasa?"

 Ƙanen nawa bai sani ba, ni ma ban sani ba.

Washegari da na dawo daga aiki na biya ta unguwar. Na tarar Baba ya fito da gadon ƙarfensa da akwatin Inna, ya mayar da su tsohuwar bukkar da suka fara zama a cikinta kafin ginin. Ya kwance ƙofar ƙarfen da tagar ya jingine su ƙarƙashin buhuna, don su ne abin da ake iya tsira da shi idan katafila ta zo. Ya ɗaure zanar inda aka buɗa ta, ɗauri mai kyau. Na ce masa, "Baba, ai ba a ce za a zo ba."

Ya ce, "Dama faɗa suke yi?"

Maƙwabta suka ɗauke masa ƙafa na wani lokaci. A masallaci a gaisa sama-sama, kowa ya kama gabansa, don suna ganin ya jawo ido kan ɗakunansu su ma. Duk motar da ta ratso, ko ta mai sayar da gawayi ce, sai ka ga an juyo ana kallon gidanmu. Wannan ya fi komai ci masa rai, shi da ake zuwa neman shawara wurinsa.

Mako biyu bayan haka dogon ya tambayi ƙanen nawa ko za a sake komawa gidan dattijon nan mai gini, wai yana son ya ga cikin ɗakin. Da na ji, na ce shi ke nan, an tabbata. Ƙanen nawa ya ce a'a, wannan ma shi ne shaidar mutumin ba shi da wata manufa, don mai leƙen asiri ba zai nemi izini ba. Muka yi cacar baki a gaban masu tagulla har mutane suka taru. Daga ranar na daina tuƙa masa baƙi. Ya samu wani direba, ya ci gaba da zaga ƙauyuka da kasuwanni har sana'ar ta mutu da kanta. Dogon ya gama aikinsa ya koma ƙasarsu. Har yau ban san ko malamin gini ne da gaske ba.

Babu wanda ya zo. Ba jan fenti, ba katafila. Damina ta wuce, wata ta zo, maƙwabta suka manta, wasu ma suka fara sakaci da zanarsu har jan bulo yana leƙowa. Baba kaɗai bai manta ba. Kowace shekara yana sabunta zanar, yana share cikin ɗakin, amma ba ya kwana a ciki. Inna ta yi magana har ta gaji. Ni ma na yi, na ce masa an daɗe, da za su zo da sun zo. Ya ce hoto ba ya ruɓewa, wata rana wani zai buɗe aljihun tebur ya gan shi.

Ciwon ajalinsa da damina ya kama shi. Wata la'asar aka yi ruwa mai ƙarfi, bukkar ta fara zuba ta ko'ina, har bargonsa ya jiƙe. Ya kwana biyu ba ya magana sosai, idonsa a rufe. Ni da ƙanen nawa muka dubi juna, muka kama gadon, ɗaya a kai ɗaya a ƙafa, muka shigar da shi ɗakin. Ciki a bushe yake, da ɗumi. Inna ta rataya tabarma a gurbin ƙofar, ta sauya masa bargo. Na zauna a ƙasa na ji sanyi a raina, na ce ko ba komai ya dawo ɗakinsa.

Can ya buɗe ido. Ya bi bangon da kallo, layi bayan layi, har sama. Sa'an nan ya nemo hannuna.

"Wa ya kawo ni nan?"

"Mu ne, Baba. Bukkar na zuba."

"Ku fitar da ni. Kada su zo su same ni a ciki, ba na iya gudu."

Ƙanen nawa ya durƙusa jikin gadon yana kuka, yana cewa, "Baffa, wallahi babu mai zuwa, babu mai zuwa." Baba bai ko dube shi ba, ni yake kallo, yana ƙoƙarin tashi da guiwar hannu. Na ga in muka ƙi, faɗowa zai yi.

Muka jira ruwan ya ɗan tsagaita, muka sake kama gadon muka mayar da shi bukka. Na ɗaura leda a saman inda ya fi zuba, Inna ta jera kwanuka a ƙasa. Yana jin an ajiye shi ya saki hannuna, numfashinsa ya daidaita. A nan ya cika bayan kwana kaɗan.